Ruwa kyauta ne, to wa zai biya kuɗin guga?

Rubutun nan yana da ɗan tsawo, a yi mani haƙuri. Mai sauri ya aje shi sai bayan isha'i.

Kowace shekara da zarar sanyi ya wuce bazara ta kama, sai maganar ruwa ta dawo shafukanmu. Wannan ya ɗora hoton layin jarkoki, wancan ya ɗora hoton busasshen famfo, a yi ta Allah wadai har ruwan farko ya sauka, sai kowa ya manta sai baɗi kuma. Kullum ɓangare biyu ne a muhawarar. Wasu su ce ruwa kyautar Allah ne, duk gwamnatin da ta karɓi kuɗin ruwa azzaluma ce. Wasu su ce a sakar wa 'yan kasuwa kawai, kowa tasa ta fisshe shi. Ni ban gamsu da ko ɗaya ba, kuma ina son in faɗi dalilina. Ma'aikacin gwamnati ne ni, amma wagga magana tawa ce, ba da yawun ofishin kowa nake yi ba.

Mu fara da lissafi, don masu cewa kada a biya kuɗin ruwa sun manta cewa tuni muna biya. Jarkar da ɗan ga-ruwa ke turowa a kura lita 25 take ci. A ce naira 100 yake sayar da ita, kowa ya musanya da farashin unguwarsu. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce mutum ɗaya yana buƙatar aƙalla lita 50 a rana don sha da girki da wanka da wanki. Gida mai mutum takwas ke nan lita 400, jarka 16, naira 1,600 a rana, naira 48,000 a wata. Mafi ƙarancin albashi da aka sa wa hannu a 2024 naira 70,000 ne. To wane magidanci zai iya? Babu. Sai ya sayi jarka biyar ko shida, a rage wanka, a rage wanki, ruwan da aka wanke shinkafa a wanke kwanoni da shi. Ragowar kuɗin ana biya a asibiti, lokacin da gudawa ta kama yara. Wanda bai da ko na jarka biyar kuwa, 'yarsa ce ke biya, don ita ke tsayuwa a layi lokacin da 'yan ajinsu ke makaranta.

Ni kaina a bazara kura nake saye, kuma albashina ya fi na mai gadin ofishinmu nesa ba kusa ba, amma jarka ɗaya kuɗi ɗaya muke biya. Shi kuwa mai hali ya gina bohol cikin gidansa, ya biya sau ɗaya, yanzu yana wanke mota yana ba fulawa ruwa da arahar da talaka bai taɓa gani ba. Tsarin "kyauta" da muke karewa ke nan: mai ƙaramin ƙarfi shi ke sayen ruwa mafi tsada a garin. Kuma kada wani ya ga laifin ɗan ga-ruwa. Shi ma saye yake yi a bohol, ga hayar kura, ga rana, ga rairayi. Guminsa yake sayarwa.

Sai maganar addini, don nan ne ake yawan rufe wa mutum baki. Gaskiya ne malamai sun karantar da mu cewa ruwa da makiyaya da wuta abin tarayya ne tsakanin jama'a, kuma ba a hana mai ƙishi. Amma su ne dai suka karantar da mu cewa wanda ya wahala ya ɗebo ya zuba a mazubinsa yana da damar sayarwa. Mu tuna rijiyar Ruma a Madina. Mai ita yana sayar da ruwa, mutane suna shan wuya, Sayyidina Usman ya sa dukiyarsa ya saye ta ya bar wa jama'a. Ruwan ya zama kyauta ga masu sha saboda wani ya biya. Haka abin yake har gobe. Gulbi kyauta ne, ga shi can, ba wanda ya hana ka zuwa da tulu. Amma kafin ruwan gulbi ya bar Dukku ya iso famfon gida, sai an ja shi da inji, an zuba alif ya kwanta, an sa kulorin, an sayi dizal ko an biya wuta, an gyara bututun da ya fashe, an biya ma'aikata. Da ruwan ciki ake jan na rijiya.

Abin da ya faru a mafi yawan jihohin ƙasar nan shi ne an shiga wani zagaye marar ƙofa. Mutane sun ƙi biya don ruwa ba ya zuwa, ruwa ba ya zuwa don babu kuɗin dizal da gyara. Hukumar ruwa ta koma jiran gwamna ya sa hannu kafin ta sayi alif. Ran da aka saki kuɗi a ga ruwa, ran da takarda ta kwana a tebur famfo ya yi shiru. Rijiya ta bayar, guga ya hana.

Ba sai mun je Turai neman misali ba. Wanda ya taɓa ƙetare Kamba ya shiga Gaya ko Dosso ya ga yadda maƙwabtanmu ke yi. Tun 2001 Nijar ta raba aikin ruwan birane gida biyu: kamfanin gwamnati ya riƙe dukiyar da gina sabbin ayyuka, wani kamfani daban ya riƙe rarrabawa da karɓar kuɗi. Gida da mitarsa, kason farko na wata da araha, wanda ya sha da yawa farashinsa ya hau, ga kuma famfunan unguwa masu mai tsaro don waɗanda ba su ja bututu ba. A ƙarshen 2023 gwamnati ta karɓe aikin daga hannun kamfanin da Veolia ta Faransa ke da kaso mafi tsoka a ciki, amma mita da bil suna nan ba su tafi ba. Ban ce sun gama da matsala ba, mutanen Damagaram za su ba ka labarin ƙishi. Abin lura dai shi ne ƙasar da ba ta kai mu kuɗi ba ta yarda cewa sai an auna ruwa kafin a iya rabonsa da adalci. Afirka ta Kudu kuma a 2001 ta fito da tsarin ba gida lita 6,000 kyauta kowane wata, wato jarka 240, abin da ya haura nan ka biya. Talaka ya samu na rayuwa, mai wanke mota uku ya biya na jin daɗinsa.

To amma ruwan sha ɗan kaɗan ne a cikin abin da muke ɗiba. Babban mashayi yana fadama. Duk wanda ya bi hanyar Birnin Kebbi zuwa Argungu da rani, ta Ambursa da Zauro, ya san ƙarar injin ban ruwa ita ce kiɗan wurin. Tun shekarun 1990 da shirin Fadama ya yaɗa ƙananan rijiyoyin bututu da injina, noman rani ya canza kama. Da Shugaba Buhari ya zo nan Kabi a Nuwamba 2015 ya ƙaddamar da shirin bashin manoma na Babban Banki, sai abin ya zama gasa. Malamin makaranta ya koma gona, ma'aikaci ya koma gona, ga Labana a Birnin Kebbi, ga WACOT da aka buɗe a Argungu a 2017. Mutane sun yi gidaje, sun aurar da 'ya'ya, wasu sun sauke farali. Alhamdu lillahi, ba mai musun wannan.

Sai dai akwai lissafin da ba mu yi. Cibiyar binciken shinkafa ta duniya da ke Filifin ta ƙiyasta cewa kilo ɗaya na shinkafa shanshera yana cin ruwa kimanin lita 2,500 a gona. Buhu mai kilo 100 ke nan lita 250,000, jarka dubu goma. Wani kaso yana komawa ƙasa, gaskiya ne, amma duk da haka duk motar shinkafa da ta fita Kabi zuwa Legas ruwan Rima ta ɗauka, kuma ba a rubuta kuɗinsa a ko'ina ba.

Shekara da shekaru muna da mita a fadama ba mu sani ba, sunanta fetur. Manomi ba ya barin inji ya kwana yana aiki don ya san galan nawa zai ƙone. Da aka cire tallafi ranar 29 ga Mayu 2023, lita ta tashi daga ƙasa da naira 200 ta haura 500 cikin kwanaki, kafin ƙarshen 2024 ta wuce dubu. Mun ga waɗanda suka rage gona, mun ga waɗanda suka juya inji ya koma shan gas ɗin girki, sannan sola ta shigo. Sola rahama ce, ina cikin masu murna da ita, kuma ina son kowane ƙaramin manomi ya samu. Amma mu faɗa wa kanmu gaskiya: ran da ɗibar ruwa ta zama ba ta cin ko kwabo, babu abin da zai sa mutum ya kashe inji sai faɗuwar rana. Jihar Punjab ta Indiya ta gwada wannan. Tun ƙarshen shekarun 1990 ake ba manoma wutar ban ruwa kyauta, shinkafa da alkama suka yi albarka, ruwan ƙasa kuma ya yi ta nisa shekara bayan shekara. Mai kuɗi ya ƙara zurfin rijiya ya sayi babban inji, ƙaramin manomi rijiyarsa ta ƙafe ya koma sayen ruwa gun maƙwabci ko ya ci bashi. Gemun ɗan uwa ne ya kama da wuta.

Wani zai ce ai ruwan fadamarmu kusa yake, kuma duk damina yana cika. Haka ne. Amma me ke cika shi? Ambaliyar gulbi da ke kwanciya a fadama makonni tana tsuma ƙasa. Ita kuwa ambaliyar yanzu ba a hannunmu take ba, don mu a ƙasan gulbi muke. A samanmu akwai madatsar Bakolori da aka gama a 1978 kan gulbin Sakkwato, da ta Goronyo da aka gama a 1984 kan Rima, wadda ke iya riƙe sama da lita biliyan 900. Binciken da aka yi bayan gina Bakolori ya nuna ambaliya ta ragu a ƙauyukan da ke ƙasanta, shinkafar fadama ta ragu, kifi ya ragu. Waɗannan mutane sun biya kuɗin dam ɗin da abincinsu ba tare da an tambaye su ba, ban da manoman da suka rasa rayukansu a rikicin diyya na 1980.

Kuma mun ga fuska biyu ta wannan dogaro cikin shekara uku kacal. A farkon 2018 ruwan Goronyo ya ja baya har aka ce abin da ya rage bai wuce kashi ɗaya cikin goma ba, hankalin Sakkwato da Kabi ya tashi, ana maganar ƙarancin ruwan sama da yashi da ya cike dam ɗin. A 2020 kuma ruwa ya zo ya shafe gonakin shinkafa, rahotanni suka ce sama da hekta 450,000 a jihar nan. Yashin da ke cike dam daga ina yake? Daga gonaki da dazukan da aka sare a Zamfara da Katsina da yankin Maraɗi, inda rassan gulbin suka taso. Mai saran itace a can bai san da zamanmu ba, kuma ba mu taɓa ba shi dalilin da zai bar itacen ba. Birnin New York na Amurka da ya fuskanci irin wannan, a 1997 ya ƙulla yarjejeniya da mutanen tsaunukan da ruwansa ke fitowa, yana kashe kuɗi wajen kare ƙasarsu da taimaka wa manomansu, don ya ga hakan ya fi araha bisa gina matatar biliyoyin daloli. Mu ma yanzu akwai shirin ACReSAL na Bankin Duniya, dala miliyan 700 don gyaran ƙasa a jihohin Arewa, amma bashi ne kuma yana da ranar ƙarewa. In ya ƙare, da me za a ci gaba?

Abin da ke ba ni mamaki shi ne amsar tana Argungu tun kafin a haife mu. Dubi Matan Fada. Me ya sa ake fito da giwan ruwa da sai ƙarti sun taru su ɗaga shi? Don an hana su a wurin tsawon shekara. Akwai iyaka da kowa ya sani, akwai Sarkin Ruwa da mutanensa masu tsaro, akwai ranar buɗewa, akwai kayan da aka yarda da su, homa da gora, kuma wanda ya karya doka ya san akwai hukunci da kunya. Bikin da aka fara a 1934, lokacin da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya ziyarci Sarkin Kabi Muhammadu Sama, har UNESCO ta sa shi cikin al'adun duniya a 2016, a kan wannan haƙurin ya tsayu. Da an bar kowa ya shiga ran da ya so da tarun da ya so, da yanzu sai dai a ba da labari. Wata baturiya, Elinor Ostrom, ta samu kyautar Nobel ta tattalin arziki a 2009 saboda ta nuna cewa jama'a na iya tsare dukiyar tarayya da kansu, matuƙar an san iyaka, an san masu haƙƙi, su suka tsara dokar, akwai mai sa ido, kuma hukunci na hawa daki-daki. Da na karanta bayanin sai na ce ai wannan Kabawa ne aka fassara. Muna kai baƙi su kalli kifin, ba mu ɗauki darasin ba.

Ga abin da nake ganin ya kamata, kuma ba sai an jira Abuja ba.

Na ɗaya, a fara da manya. Ofisoshin gwamnati, har da wanda nake aiki a ciki, da gidajen manyan ma'aikata, otal, masu fiya wata, masu buga bulo, wuraren wankin mota da kamfanonin shinkafa, a sa masu mita su biya. Masu ɗibar ruwan ƙasa don kasuwanci a yi masu rajista a san nawa suke ɗiba. Rijiyar gida da ta masallaci a ƙyale ta. Mun ga yadda ƙudurin dokar ruwa ta ƙasa ya yi ta faɗuwa a majalisa tun 2018, saboda mutane sun ji tsoron za a ƙwace masu bakin gulbi a sa wa rijiyarsu haraji. Duk tsarin da ya fara da tsoratar da talaka ya mutu tun a ciki.

Na biyu, kason rayuwa ya zama da araha ƙwarai, wanda ya haura ya biya da tsada. A lura da gidajenmu na gandu, inda famfo ɗaya ke shayar da mutum talatin, kada a lissafa su da mai almubazzaranci. A unguwannin da bututu bai kai ba a kafa wuraren sayar da ruwa masu farashi a rubuce, 'yan ga-ruwa su saya da sauƙi su sayar da sauƙi.

Na uku, kuɗin ruwa ya zauna a asusun ruwa. Na san abin da za ku ce: za su bi hanyar da sauran suka bi. Tsoron yana da tushe. Shi ya sa nake cewa ruwa ya fara zuwa kafin bil ya zo. A ɗauki unguwa ɗaya ko biyu, a ce ga ranaku ga sa'o'in da za a ba ku ruwa, a cika alkawari wata shida, sannan a nemi kuɗi. Kowane wata a manna a bango kuma a faɗa a rediyo: ga abin da aka tara, ga abin da aka kashe. A ware wani kaso komai ƙanƙantarsa don dashen itatuwa da kare bakin gulbi.

Na huɗu, a fadama manoman kowane yanki su haɗa ƙungiya mai haƙori, tare da hakimai da masunta da Fulani, don su ma ruwan nasu ne. A ware 'yan rijiyoyi ana auna zurfin ruwa duk wata ana rubutawa, aikin da ɗan sakandare zai iya da igiya da littafi. Wanda za a ba injin sola na tallafi, a haɗa masa da sharaɗi da horo. Akwai dabara mai sauƙi: a binne guntun bututu mai huji a fangali, a bar ruwa ya janye har kusan santimita 15 ƙasa da doron ƙasa kafin a sake ba da wani. An gwada a Asiya, tana rage ruwa har kusan kashi 30 cikin ɗari ba tare da amfani ya ragu ba. Sannan Kabi ta nemi kujera ta dindindin a teburin da ake yanke ranar sakin ruwan Goronyo da Bakolori, a riƙa sanar da manomi tun da wuri.

Na biyar ya shafe mu ma'aikata, kuma zan faɗa ko da ba za a ji daɗi ba. Kasafin kuɗinmu yana son sabon aiki, ba ya son gyara. Sabon bohol yana da allo da suna da hoton ƙaddamarwa, gyaran tsoho ba wanda zai yanka masa ƙyalle. Don Allah kowa ya ƙirga matattun bohol da tankunan da ke mazaɓarsa. Da yawansu wani ɗan ƙarfe ko waya ce ta lalace, amma tun ranar da aka miƙa su ba a ce ga mai shi ba, ba a ce ga asusun gyara ba. Inda na ga bohol ya daɗe yana aiki, za ka tarar akwai kwamiti, ana karɓar ɗan abin da ba zai gagara ba, kuma sau da yawa wata dattijuwa ce ke riƙe da kuɗin.

Garin nan ƙaruwa yake yi, gonakin rani ƙaruwa suke yi, gulbin kuwa shi ne dai wanda kakanninmu suka bari. Ɗan siyasa zai zo ya ce zai ba mu ruwa kyauta, mu tafa masa. Ni roƙona, wannan karon mu tambaye shi abu uku: wa zai sayi dizal da alif bayan an gama biki, wa zai gyara in ya lalace, kuma a ina za mu ga lissafin? In ya amsa, mu saurare shi. In ya fara kame-kame, mun san inda aka dosa.

Manoman Argungu da Augie da Suru, ku da ke cikin fadama kullum, ina son in ji daga bakinku: zurfin da kuke samun ruwa a watan Afrilu yanzu daidai yake da na shekara goma da suka wuce? Wanda ke da gyara a maganata ya kawo, muhawara ce ba faɗa ba. Allah ya ba mu damina mai albarka, ya tsare mu daga ambaliya da fari, ya ba shugabanninmu ikon yin adalci. Amin.